Daga Alƙalamin Haske zuwa Jirgin Boeing 777: Yadda Ƙarfin Kwamfuta Ya Sauya Aikin Zayyana

Duk abin da masana'anta ke ƙerawa, daga makullin ƙofa har zuwa fiffiken jirgin sama, sai an zana shi kafin a taɓa ƙarfe. Har tsakiyar ƙarni na 20 wannan aiki yana hannun masu zanen taswira, waɗanda ke cika manyan zauruka, kowa a gaban teburinsa da fensir da rula da kamfas. Idan injiniya ya sauya faɗin rami guda, sai a bi duk takardun da ramin ya fito a cikinsu, a goge, a sake zanawa. A yau manhajoji ne ke ɗauke da wannan aiki, waɗanda ake kira CAD a Turanci, CAO a Faransanci, ma'ana zayyana da taimakon kwamfuta.

An saba taƙaita tarihinsu da cewa kwamfuta ta ƙara sauri, zane ma ya ƙara sauri. Haka ne, amma maganar ba ta cika ba. Mafi yawan manyan dabarun wannan fanni an gano su tun farkon shekarun 1960, suka zauna jiran na'urar da za ta iya ɗaukarsu. Duk lokacin da ƙarfin kwamfuta ya ƙaru kuma, abin da mutum ke iya gaya mata game da zanensa ne ke faɗaɗa: da fari umarni da lambobi, sai layuka, sai fatar abu, sai cikinsa, daga bisani dangantakar da ke tsakanin sassansa.

Harshe ya riga hoto

Kafin kwamfuta ta nuna zane a allo, da rubutu ake bayyana mata siffa. A ƙarshen shekarun 1950, a cibiyar MIT ta Amurka, wani rukuni ƙarƙashin Douglas Ross ya tsara harshen APT domin ba da umarni ga injunan sassaƙa ƙarfe. Mai aiki zai rubuta cewa ga ɗigo, ga layi, ga da'ira, sannan ya gaya wa bakin injin ya nufi hagu ko dama har ya taɓa layi kaza. Ana huda umarnin a kan kati, a kai wa kwamfuta, a koma a jira.

Ƙirar kalmomin APT za ta ja hankalin ɗalibin ilimin harsuna. Akwai GOLFT da GORGT, wato nufi hagu da nufi dama. Akwai SPINDL da COOLNT da FEDRAT. Duka kalmomin Turanci ne da aka datse, yawanci wasula aka zubar aka bar baƙaƙe, kuma babu wadda ta wuce harafi shida. Dalilin yana cikin na'urar. Kwamfutar IBM 704 da aka yi aikin a kanta tana adana bayanai a gurabe masu bit 36, kowane harafi kuma yana cin bit 6, don haka gurbi guda harafi shida yake ɗauka. Girman ma'adanar na'ura ne ya yanke wa kalma tsawonta.

Sketchpad da na'ura guda ɗaya tak

A shekara ta 1963 wani ɗalibin digiri na uku a MIT, Ivan Sutherland, ya gabatar da kundinsa a kan manhajar da ya kira Sketchpad, ƙarƙashin jagorancin Claude Shannon. Yana zane kai tsaye a kan allo da wani alƙalami mai gane haske. Wannan kaɗai sabon abu ne, amma abubuwa biyu da ke ƙarƙashinsa sun fi shi nauyi.

Na farko shi ne sharaɗi. Mutum zai ja layuka huɗu a karkace, sannan ya ce wa na'urar waɗannan biyun su yi tsawo ɗaya, waɗancan kuma su haɗu a miƙe. Sai na'urar ta yi ta gyara su har sharuɗɗan su cika. Hannu ba ya buƙatar daidaito, tunda an faɗi abin da ake nufi. Na biyu shi ne uwar zane da kwafe-kwafenta. A zana kusa sau ɗaya, a dasa ta wuri arba'in. Idan aka gyara uwar, duka arba'in ɗin su gyaru. Bambancin ya yi kama da wanda masana harshe ke yi tsakanin kalma a matsayinta na shigar ƙamus da kowane fitowarta a cikin magana.

Sketchpad ba ta taɓa shiga kasuwa ba, domin a kan TX-2 take aiki, kwamfutar gwaji ta ɗakin binciken Lincoln wadda guda ɗaya ce a duniya. Ma'adanarta tana da gurabe kimanin 64,000 masu bit 36, abin da bai kai rabin megabait ba. Hoto guda da wayar hannu ke ɗauka a yau ya fi ƙarfinta. Duk da haka, a lokacin tana cikin mafiya girma. Ga kuma wani gata da Sutherland ya samu: yana zama shi kaɗai a gaban na'urar na tsawon sa'o'i, alhali sauran jama'a layi suke bi da katunansu. Kamfanonin da suka iya gwada irin wannan a zamanin ƙalilan ne, na mota da na jiragen sama. General Motors da IBM sun nuna nasu tsarin, DAC-1, a 1964.

Lanƙwasar Faransa

Layi miƙaƙƙe da da'ira suna da sauƙin bayyanawa da lissafi. Jikin mota kuwa ba layi ba ne, ba da'ira ba. A da, da itace ko filasta ake sassaƙa samfurinsa, a riƙa aunawa daga gare shi, kowane awo da ɗan kuskurensa. Injiniyoyi biyu a Faransa suka warware matsalar, kowa a nasa kamfani: Paul de Casteljau a Citroën a 1959, da Pierre Bézier a Renault ƴan shekaru bayan haka. Citroën ta ɓoye aikin ma'aikacinta a matsayin sirrin kamfani, Bézier kuwa ya wallafa nasa, shi ya sa sunansa ne ya bi lanƙwasar har yau.

Dabarar ita ce a bayyana lanƙwasa da ɗigo huɗu kawai. Biyu su ne farkonta da ƙarshenta. Sauran biyun ba sa kan layin, a gefe suke suna jansa kamar yadda maganaɗisu ke jan ƙarfe. Idan aka matsar da ɗaya, lanƙwasar ta bi shi a hankali ba tare da ta karye ba. A kan shimfiɗaɗɗen fili kowane ɗigo lamba biyu ne, ke nan lamba takwas sun wadatar a inda da sai an adana ɗaruruwan ɗigogi. Hanyar de Casteljau ta gano kowane wuri a kan lanƙwasar ba ta buƙatar komai sai ninkawa da tarawa, ana ta raba layuka bisa kaso ɗaya. Ƙarancin ma'adana ya sa wannan tattali ya zama tilas, kuma tattalin ne ya sa dabarar ta daɗe. Renault ta gina tsarinta na UNISURF a kanta.

Matsalar allo da harshen damo

Allunan farko, irin su IBM 2250 na 1964, da tsinken haske suke jan kowane layi, su koma su sake jansa sau da dama a cikin daƙiƙa guda domin kada ya dushe. Idan layukan suka yi yawa, tsinken ba ya gama zagayen a kan lokaci, sai hoton ya fara ƙyafƙyaftawa. Yawan abin da injiniya zai iya gani a lokaci guda yana da iyaka ke nan. A farkon shekarun 1970 kamfanin Tektronix ya yaɗa wani allo mai arha wanda ke riƙe abin da aka zana a jikinsa ba tare da maimaitawa ba. Aibinsa shi ne ba a goge layi guda. Sai a share allon baki ɗaya a sake zana komai.

Me ya hana a yi amfani da allo mai ɗigo-ɗigo irin na talabijin tun farko? Lissafi kaɗan zai ba da amsa. Allo mai ɗigo 1,024 a tsaye da 1,024 a kwance yana da ɗigo 1,048,576, kuma ko baƙi da fari ne kawai, kowane ɗigo na buƙatar bit guda a ma'adana. Ƙwayar ajiya ta Intel 1103, wadda ta fito a 1970, bit 1,024 take ɗauka. Ke nan allo guda zai ci irin wannan ƙwaya har 1,024. Sai da farashin ma'adana ya faɗi warwas, wajen ƙarshen shekarun 1970, irin wannan allo ya zama abin saye, ya zo da launi da inuwa.

A wannan tsakani kamfanoni irin su Computervision da Applicon, waɗanda aka kafa a 1969, suna sayar da manhaja haɗe da matsakaiciyar kwamfuta da teburin zane a dunƙule, a kan dubban ɗaruruwan dalar Amurka. Yawancin kwamfutocin masu bit 16 ne, kuma da bit 16 gurabe 65,536 kawai ake iya lasaftawa kai tsaye. Da VAX-11/780 ta kamfanin DEC ta fito a 1977 da bit 32, adadin ya haura biliyon huɗu.

Abin da aka fi iya zanawa da fuska uku a lokacin shi ne ƙwarangwal: gefunan abu kawai, kamar an ƙera shi da waya. Irin wannan zane yana da harshen damo. Akwatin da aka zana da layuka goma sha biyu ana iya ganinsa ta sama ko ta ƙasa, kuma babu abin da ke nuna ko cike yake ko fanko. Mutum yana warware wannan da sanin duniya, kamar yadda mai sauraro ke warware jimla mai ma'ana biyu da muhallin magana. Na'ura ba ta da wannan sani. Ba za ta iya faɗin nauyin abin ba, ko ta gane cewa sassa biyu sun shiga jikin juna.

Maganin shi ne a bayyana abu a matsayin dunƙulallen jiki mai ciki da waje. Ian Braid a Jami'ar Cambridge ta Ingila da Herbert Voelcker a Jami'ar Rochester ta Amurka sun yi wannan aiki a shekarun 1970, kuma manhajar Romulus da ta fito daga aikin Cambridge ta shiga kasuwa a 1978. Sai dai huda rami guda a irin wannan jiki yana nufin lissafa inda kowace fuska ta gamu da kowace, abin da kan sa mai aiki ya zauna jira. Masana'antu da yawa sun yaba da dabarar, suka ci gaba da zanen layuka.

Kwamfutar tebur

A watan Disamba na 1982 wani ƙaramin kamfani, Autodesk, ya fito da AutoCAD, wadda ke aiki a kan ƙananan kwamfutoci, ciki har da IBM PC da ta fito shekara guda kafin nan. Ta fuskar fasaha koma-baya ce. Zane ne mai fuska biyu, ba jiki, ba sharaɗi. Teburin zane ne aka mayar na lantarki. Ma'adanar da tsarin DOS ke bari a yi aiki da ita ba ta wuce kilobait 640 ba, kuma ƙwaƙwalwar 8088 ba ta iya lissafin lambobi masu ɗigo da sauri, sai an sayo mata mataimakiya mai suna 8087 an dasa a gefenta. Amma kuɗin manhajar kimanin dalar Amurka dubu ne. Ofishin mai zanen gine-gine da ke da ma'aikata uku, wanda bai taɓa mafarkin mallakar Computervision ba, ya iya saye. Manyan kamfanonin sun raina ta, kuma yawancinsu babu su a yau.

A daidai wannan lokaci lanƙwasar Bézier ta bar masana'antar mota ta shiga maɗaba'a. Harafi ma siffa ce da ake zayyanawa. Peter Karow ya riga ya gabatar da manhajar Ikarus a 1975 domin adana gefunan haruffa a matsayin lissafi, Donald Knuth kuma ya yi Metafont, inda ake bayyana harafi da ma'aunai kamar kaurin alƙalami. A 1984 kamfanin Adobe ya fito da harshen PostScript, wanda ke bayyana kowane harafi da lanƙwasar Bézier, ta yadda zane guda zai ba da kowane girma. Nauyin lissafin ya kai ga cewa na'urar buga takarda ta LaserWriter, ta 1985, ƙwaƙwalwarta ta fi ta kwamfutar Macintosh da ke aika mata aiki sauri.

A nan ne lamarin ya taɓa rubutun boko. Zana ƙugiyar ƙ ko ɗ ko ɓ ko ƴ ba wuya ba ne, lanƙwasa biyu ko uku ne. Wahalar tana wajen lamba. Ana adana kowane harafi a bit 8, wato gurabe 256, kuma harsunan Turai ta Yamma sun riga sun cinye su. Shi ya sa aka daɗe ana buga k da alamar ɗauri a gefenta, ko a ƙara ƙugiyar da biro bayan an buga, ko a ƙera haruffa na musamman waɗanda ke rikiɗewa su zama wasu alamu da zarar takardar ta koma wata kwamfuta. Tsarin Unicode, da ya fara fitowa a 1991 lokacin da ma'adana ta yi arhar da za a iya ba harafi fiye da bit 8, shi ya ba kowannensu lambarsa ta dindindin: ƙ ita ce U+0199, ɗ kuma U+0257.

Dawowar sharaɗi

A ɓangaren injiniyoyi, shekarun 1980 sun kawo wasu kwamfutoci masu ƙarfi na mutum guda daga kamfanonin Apollo da Sun da Silicon Graphics. Wanda ya kafa na ƙarshen, Jim Clark, ya lura cewa juya abu a allo lissafi ɗaya ne ake maimaitawa a kan kowane ɗigo, sai ya ƙera ƙwaya ta musamman da ba ta da wani aiki sai shi. Daga nan injiniya ya fara juya zanensa yana kallo ta kowace kusurwa ba tare da jira ba.

A kan irin waɗannan na'urori ne Pro/ENGINEER ta fito a ƙarshen shekarun 1980, daga kamfanin PTC na Samuel Geisberg, masanin lissafi da ya yi ƙaura daga Tarayyar Sobiyat. Manhajar tana adana tarihin yadda aka gina abu. A ɗauki farantin ƙarfe mai tsawon milimita 100, da rami huɗu, kowanne milimita 10 daga kusurwa. A tsohon tsari, idan aka mayar da tsawon 150, ramukan suna nan inda aka bar su, sai an bi su ɗaya-ɗaya. A sabon tsari abin da aka adana shi ne maganar "milimita 10 daga kusurwa", don haka na'urar za ta sake bin matakan daga farko, ramukan su bi kusurwoyinsu. Sharaɗin Sutherland ne ya dawo bayan shekara 25, a kan dunƙulallen jikin da Braid ya yi wa shimfiɗa, lokacin da aka samu na'urar da za ta iya sake gina komai cikin ƴan daƙiƙoƙi. Zane ya koma jerin umarni, kuma kamar a jimla, jerantawar tana da ma'ana: a huda rami sannan a lanƙwasa faranti daban yake da a lanƙwasa sannan a huda.

Babban gwajin ya zo da jirgin Boeing 777, wanda ya fara tashi a watan Yuni na 1994. Shi ne jirgin fasinja na farko da aka zayyana baki ɗaya a kwamfuta, da manhajar CATIA ta kamfanin Dassault na Faransa, a kan manyan kwamfutocin IBM. A da sai an gina samfurin jirgi mai cikakken girma domin a ga ko bututu zai ci karo da ƙarfe. A wannan karo an harhaɗa sassan a cikin na'ura, ita ce ke nuna inda suka yi karo. A shekarar da jirgin ya fara ɗaukar fasinja, 1995, SolidWorks ta kawo irin wannan gini mai tarihi a kan kwamfutar tebur mai Windows. Masu wasannin bidiyo ma sun taimaka ba da niyya ba: yawansu ne ya karya farashin katin hoto, har abin da Silicon Graphics ke sayarwa da tsada ya zama kayan kowane shago.

Ƙarfin na'ura bai kawar da matsalar fahimtar juna ba. Kowace manhaja da yadda take bayyana siffa, kuma fassara daga wata zuwa wata takan zubar da wani abu, musamman tarihin ginin. An tsara harsunan hulɗa domin haka, IGES a 1980 da STEP a 1994. Amma ko a cikin gida ɗaya akan samu saɓani. Lokacin ƙera jirgin Airbus A380, injiniyoyin Hamburg a Jamus suna aiki da zubi na 4 na CATIA, na Toulouse a Faransa kuma da zubi na 5, waɗanda ba sa karanta juna kai tsaye. Da aka zo shimfiɗa wayoyin lantarki, masu tsawon kilomita kusan 500 a jirgi guda, sai aka tarar wasu ba su kai ba. Wannan na cikin dalilan jinkirin da aka sanar a 2006, wanda ya jawo wa kamfanin asarar biliyoyin yuro.

Inda saurin ya tsaya

Tun wajen 2005 saurin bugun ƙwaƙwalwar kwamfuta ya daina hauhawa kamar da, saboda zafin da take fitarwa. Masu ƙera ta suka koma dasa ƙwaƙwale da yawa a ƙwaya guda. Wasu ayyukan sun ci moriyar haka sosai: fitar da hoto mai kama da na gaske, ko gwada yadda gada za ta ɗauki nauyi, ana iya yanka su gunduwa-gunduwa a raba wa ƙwaƙwale ɗari. Sake gina abu daga tarihinsa kuwa ba ya rabuwa da sauƙi, domin mataki na goma yana jiran sakamakon na tara. Injiniyan da ke da ƙwaƙwale goma sha shida yakan ga guda tana ta fama, sauran suna zaune.

Wani ɓangare na dalilin shi ne tsufan harsashin. Zuciyar lissafin da ke cikin SolidWorks, mai suna Parasolid, magajiyar Romulus ce, an rubuta ta a Cambridge a ƙarshen shekarun 1980 domin na'urori masu ƙwaƙwalwa guda. Ita ce kuma ke cikin Onshape, wadda ta fito a 2015 tana aiki ta intanet ba tare da an girka ta a kwamfuta ba. Parasolid a yau mallakar Siemens ce, SolidWorks kuwa Dassault ta saye ta tun 1997, don haka kamfanin na Faransa yana biyan babban abokin gasarsa kuɗin lasisi a kan lissafin da ke huda ramuka a cikin manhajarsa.